Godiya ga ma'aikatan tashar jirgin ƙasa ta Deptford

Zuwa ga shugaba da ma'aikatan tashar Deptford, kudu maso gabashin Landan.

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri. Na rubuto ne in gode muku a bainar jama'a, don yabon gwani ya zama dole. Ina kuma so 'yan'uwa da ke bin wannan layi zuwa wurin aiki su san darajar inda suke tsayawa safe da yamma.

Tashar da kuke kula da ita tana cikin mafi tsufa a Landan. A watan Fabrairu na 1836 jirgin fasinja ya fara zirga-zirga tsakanin Spa Road da Deptford. Kafin ƙarshen shekarar layin ya kai London Bridge, sai a 1838 ya isa Greenwich. Injiniyan aikin, Kanar George Landmann, bai shimfiɗa dogon a ƙasa ba, saboda zai yanke tituna da yawa, ga kuma fadama a hanya. Sai ya ɗora shi a kan doguwar gada ta bulo mai bakan gizo 878, wadda tsawonta ya wuce kilomita 5. Har yau a kanta jiragen ke gudu. An rufe tashar a 1915 lokacin Yaƙin Duniya na Ɗaya, ba ta sake buɗewa ba sai 1926.

Wannan dabara ta Landmann ita ce ta sa wurin hawa jirgi na tashar yake sama. Dandamali biyu ne, layukan dogo na tsakiyarsu: ɗaya na masu shiga gari, ɗaya na masu zuwa Greenwich da gaba. Duk wanda ya fito daga babban titin unguwar, sai ya hau kafin ya ga jirgi. Ga matashi wannan ba komai ba ne, amma ga tsoho, ko mai keken guragu, ko uwa mai tura jariri, tsayin gadar kaɗai ya isa ya hana tafiya.

A nan ne godiyata ta fi ƙarfi. Sabon ginin gilashi da ƙarfe da aka buɗe a 2012 ya zo da lif, wato na'urar hawar da mutane sama, zuwa kowane dandamali, kuma ku ba ku tsaya ga na'ura kawai ba. Mahaifiyata na fama da ciwon gwiwa, takan bi ta nan zuwa ganin likita. Na ga yadda ma'aikacinku ke tarbarta tun daga ƙasa, ya raka ta har sama, ya nuna mata inda za ta tsaya, ya jira har ta zauna a cikin jirgi. Ba ta jin Turanci sosai, amma ba a taɓa ɗaga mata murya ba, ba a taɓa gaggauta ta ba. Na kuma ga ana shimfiɗa wa mai keken guragu allon hawa tsakanin dandamali da ƙofar jirgi, cikin natsuwa, ba tare da an sa shi jin ya zame wa kowa nauyi ba. Wallahi irin wannan ba ƙaramin abu ba ne a wurin mai rauni.

Abin da ya ƙara faranta mini rai shi ne an gyara tashar ba a rushe tarihinta ba. Tsohuwar gangarar bulo da ke gefe, wadda aka gina don a riƙa hawar da kekunan doki na masu hali zuwa bakin dogo, tana nan daram, doka ma na kare ta. An gyara ɗakunan da ke ƙarƙashinta sun zama ƙananan shaguna. A da, hanyar hawa mai sauƙi don masu keken doki aka yi ta. Yanzu ku kun sa ta zama ta kowa.

Roƙona ga shugabanninku shi ne su ci gaba da ajiye mutane a tashar, don na'urar sayar da tikiti ba ta riƙe hannun tsohuwa. Ina kuma roƙon a isar da wannan saƙo ga masu shara da masu gyaran lif, waɗanda ba kasafai muke ganinsu ba.

Allah Ya saka muku da alheri, Ya kare ku a bakin aikinku.

Naku,
Wani fasinja mazaunin unguwar Deptford