Koke zuwa ga Mai Martaba Sarkin Mai Wurno ta ƙasar Sudan kan masu zuwa duba muhalli

Assalamu alaikum. Allah ya ja zamanin Sarki, Allah ya ƙara wa jikan Sarkin Musulmi Attahiru lafiya da nisan kwana.

Ranka ya daɗe, mu talakawanka ne manoman bakin kogi da masunta da masu buga bulo, mun kawo kuka gida don abin ya ishe mu.

Dokar kare muhalli ta 2001 ta ce duk aikin da zai iya taɓa ƙasa ko ruwa ko iska sai an yi masa nazari kafin a fara, kuma wallahi mun yarda da wannan ɗari bisa ɗari. Matsalar ita ce waye ke yin nazarin. Bara wani ya zo duba wajen da za a kafa sabuwar kamina ta ƙona bulo a gefen lambunanmu, ko saukowa daga mota bai yi ba, ya sauke gilashi ya ɗauki hoto biyu da waya ya juya, bayan kwana kaɗan sai ga takarda da hatimi wai wajen ba matsala. Bai tambayi ina iska ke kaɗawa lokacin sanyi ba, bai taka gaɓa ya ga yadda haddam, wato zaizayar ruwan kogi, ke cin ta duk damina ba. Yau an kwashe laka har gindin mangwaro, saiwoyi a waje, hayaƙin kashin shanu da itace kuma yana kwana cikin gidaje, wata tsohuwa a layinmu da jiƙaƙƙen ƙyalle a hanci take sallar asuba. Muka nemi mutumin, babu wanda ya san ofishinsa balle inda ya yi karatu.

To a tace su, ranka ya daɗe. Duk mai kiran kansa masanin muhalli ya nuna shahadarsa, wato takardar shaidar karatunsa, sunansa ya shiga rajista, in ya sa hannu a kan ƙarya a karɓe lasisin.

Amma ga inda abin ya fi mana ciwo. Muna da yaranmu da suka karanta wannan fannin a jami'a, iyayensu sun sai da albasa da awaki suka biya. Akwai wanda takardunsa suka salwanta lokacin da yaƙi ya shiga birnin Madani a Disambar 2023, ya fito da rigar jikinsa kawai. Ya je neman izinin aiki aka ce sai ya kawo asalin shahada, sai yana da ofis, ga kuɗin rajista, daga baya ma wani ya ɗaga kai ya ce masa ƴan ina ne ku asali. Yaron da kakannin kakanninsa suka sauka a nan bayan yaƙin Burmi na 1903, tun kafin a gama dam ɗin Sinnar a 1925! Yanzu raksha yake ja, wato babur mai ƙafa uku, alhali ya san kowace kwana ta kogin nan, a ciki ya koyi iyo. Mai hatimi a mota yana cin kasuwarsa, mai ilimin an rufe masa ƙofa.

Kundin tsarin mulkin da aka sa wa hannu a Agustan 2019 ya ce zama ɗan ƙasa shi ne tushen haƙƙi da wajibi, ba ƙabila ba launi. To mutum ya yi sana'ar da ya karanta ya ci da iyalinsa, in ba haƙƙi ba ne mene ne? Sharaɗi ya tsaya kan ko ka iya aikin, a yi masa jarabawa in ana shakka, a tambayi jami'arsa.

Roƙonmu Sarki ya kai maganar nan gaban mahalliyya, wato ƙaramar hukuma, da gwamnatin wilayar Sinnar, a buɗe wajen rajista kusa da mu, a karɓi tabbaci daga jami'a madadin shahadar da ta ɓata. Sannan dan Allah kada a sake amsar wani nazari a ƙasar Mai Wurno sai mai shi ya sauko da ƙafarsa, mai unguwa da mutanen wajen sun gan shi. Ita kuma kaminar nan a turo wani ya sake dubawa kafin ruwa ya sauka, don gaɓar da ta rage tsakaninta da rijiyarmu ba ta da yawa.

Allah ya ba Sarki nasara.

Talakawanka, mazauna bakin kogi, Mai Wurno.