Gaisuwar Babbar Sallah daga Atlanta

Atlanta, Jihar Jojiya, Amurka
Juma'a, 10 ga Zulhijja 1446, 6 ga Yuni 2025

Zuwa ga Inna da Baba,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, barkanku da Sallah. Allah Ya karɓi ibadunmu, Ya maimaita mana, Ya dawo da alhazanmu gida lafiya. Mu nan duk ƙalau muke, sai kewarku. Baban su Ummi yana gaishe ku da kyau, ya ce a yi wa Baba godiya kan ɗawainiyar rago. Ummi da Abba sun yi barci da kayan Sallarsu a jiki, sun ƙi yarda a cire.

Wayar da muka yi ɗazu ba ta ƙosar da ni ba. Kowa na fizgar wayar daga hannun wani, Gwaggo na magana, yara na ihu, ga wuƙa ana wasawa a bayanku. Lokacin da muke fita Idi ku har kun sauko daga Juma'a, saboda awa 5 ke tsakaninmu. Shi ya sa na ce bari in zauna in rubuta a tsanake, tunda Auta ma ta dame ni da tambayar mene ne wancan abin da ta gani a faranti cikin hoto, ta ce ya yi kama da kek ɗin da ya zube.

Sallah a nan ba ranar hutu ba ce. Baban su Ummi sai da ya nemi izini a wurin aiki tun watan jiya, yara kuwa sun yi sa'a makarantu sun tafi dogon hutu tun ƙarshen Mayu. A wani babban ɗakin taro da aka kama haya muka yi Idi, da 'yan Senegal da 'yan Somaliya da 'yan Pakistan da baƙaƙen fata 'yan ƙasa, kowa da irin shigarsa. Daga nan maza suka wuce gona bayan gari, inda ake yanka. Layi ake bi da lamba, a yanka, a feɗe, inji ya daddatsa, a miƙo maka a leda. Babu rataye rago ya kwana, babu babbake kai da ƙafafu a tsakar gida. Suya ma kaɗan-kaɗan nake yi, don akwai wata na'ura a rufin kicin da ke kurma ihu da zarar ta ji hayaƙi.

Inna, kun saba mana da cewa naman layya ba na gida ɗaya ba ne. Na kai wa 'yan uwa Musulmi da ke kusa, wani kason kuma masallaci ke tarawa ya raba wa mabukata. Matsalar maƙwabtanmu ce na bene ɗaya, waɗanda ba Musulmi ba. In ka ƙwanƙwasa ƙofar Ba'amurke ka miƙa masa ɗanyen nama a kwano, zai karɓa don kunya, amma a fuskarsa za ka gane bai san yadda zai yi da shi ba. Wasu ma ba sa cin nama sam. Ni kuma ba zan iya Sallah ta wuce ƙofofin nan suna rufe ban tura ko da yaro da faranti ba. To abin da Auta ta gani shi ne na raba musu.

Fudin na burodi suke ce masa. Wata dattijuwa da ke ƙofa ɗaya da mu ce ta koya mini, 'yar asalin Jihar Luwiziyana, inda abincin nan ya yi suna. Ta ce kakarta ba ta taɓa zubar da burodi ba, in ya bushe sai ta jiƙa shi da madara da ƙwai ta gasa. Abincin masu tattali ne tun asali, daga baya ya shiga manyan gidajen abinci. Na lura kowace al'umma mai cin burodi tana da irin nata: matan Masar suna kawo Ummu Ali masallaci, 'yan Pakistan suna kawo shahi tukra. Duk suna da daɗi, amma zaƙinsu yana gundurata da wuri. Na dattijuwar nan ya fi kwanta mini, saboda ɗan tsamin fici da take sakawa yana karya zaƙin.

Fici ɗan itace ne da ban taɓa gani a kasuwar Sabon Gari ba sai na gwangwani. Girmansa ya kai lemon zaƙi, launinsa ruwan ɗorawa da ja-ja, jikinsa da gashi-gashi mai laushi irin na bayan ƙwallon kuka. Ƙwallo ɗaya ne a ciki, mai tauri. In ya nuna a bishiya, ba a cinsa da kayan kirki a jiki, ruwansa har gwiwar hannu yake gangarowa. Mutanen Jojiya suna ji da shi ƙwarai. Hotonsa na kan lambar motoci, babban titin Atlanta sunan bishiyarsa aka sa masa, akwai ma ƙaramar hukuma sukutum mai sunansa, wadda aka kafa a 1924. Abin dariyar shi ne Kalifoniya ta fi su noma shi nesa ba kusa ba, maƙwabciyarsu Karolina ta Kudu ma ta fi su, amma kada ku kuskura ku faɗa wa ɗan Jojiya haka.

Ranar Asabar da ta wuce muka je hedikwatar ƙaramar hukumar, garin Fort Valley, tafiyar ƙasa da awa 2 kudu da Atlanta. Baba, da kun ga gonakin nan da kun tsaya kallo. Bishiyoyin gajeru ne da gangan, ana sassabe tsakiyarsu don rana ta shiga kuma hannu ya kai. Da hannu ake tsinka, ɗaya bayan ɗaya, yawancin masu aikin kuwa 'yan Meziko ne da ke zuwa da bizar aikin gona su koma in kaka ta ƙare. Na tsaya ina kallonsu cikin wannan zafi, na ce ashe ci-rani iri-iri ne. A yankin ne wani manomi, Samuel Rumph, ya fitar da irin da ya sa wa sunan matarsa, Elberta, bayan 1870, wanda yake jure doguwar tafiya, aka riƙa loda shi a jirgin ƙasa zuwa biranen arewa. Daga nan sunan Jojiya ya tafi.

Abin da zai ba Baba mamaki shi ne bishiyar nan sanyi take bukata kafin ta haihu. Sai ta samu ɗaruruwan awoyi na sanyin da ya yi ƙasa da digiri 7 a lokacin hunturu, sannan ta yi fure yadda ya kamata. Idan kuma ta yi furen sanyi mai tsanani ya dawo, ya kashe shi. Haka aka yi a 2023: hunturu ya zo da ɗumi, sannan sanyi ya sauko a watan Maris, manoman jihar suka rasa kusan kashi 90 cikin 100 na amfaninsu. Don haka Kawu ya haƙura da maganar in aiko masa da ƙwallon ya shuka a bayan gida, ko sanyin Zariya na watan Janairu ba zai ishe ta ba.

Yanzu Auta, ki ɗauko biro.

Burodi babba guda ɗaya, mai nauyin kamar giram 450, wanda ya kwana ɗaya ko biyu. Sabon burodi ba ya yi, jagwaɓewa yake. Ki yayyanka shi ƙanana. Idan da sauran laushi, ki baza a tire ya sha iska. Ki fasa ƙwai 4 a kwano, ki zuba madara kofi 2 da rabi, sukari kashi uku cikin huɗu na kofi, narkakkiyar bota cokali 3, garin kirfa ƙaramin cokali, gyaɗar ƙamshi kaɗan, da gishiri ɗan mitsitsi. Kada ki raina gishirin, shi ke fito da ɗanɗanon madarar. Ki kaɗa sosai, ki juye a kan burodin, ki danna da bayan cokali, ki bar shi minti 30. Wannan jiran shi ne rabin aikin. Wadda ta yi gaggawa za ta samu sama ya jiƙe, cikin burodin a bushe.

Kafin ya jiƙu sai a koma kan ficin. Guda 6 nake sakawa. Ana ɗan tsaga gindin kowanne da wuƙa, a tsoma a tafasasshen ruwa rabin minti, a tsame a jefa a ruwan sanyi, sai fatar ta saɓule da yatsa. Na farkon kaka, irin wanda muke samu yanzu, namansa manne yake da ƙwallon, sai an bi da wuƙa ana yankowa. Daga ƙarshen Yuni zuwa Yuli ake samun wanda da an tsaga an murɗa ƙwallon ke faɗowa da kansa. Dattijuwar ta ce in jira wancan, na ce mata Sallah ba ta jira. Bayan an yanka sai a barbaɗa sukari cokali 2 a ajiye, zai tsatso da ruwa. A tace ruwan a ajiye gefe, domin in ya shiga cikin haɗin, fudin ɗin ba zai kama jikinsa ba. Kashi biyu na ficin a cakuɗa da burodin, kashi ɗaya a jera a sama, a shafa bota a kwanon gashi, a juye.

Wutar oban digiri 175, minti 45 zuwa 50. Alamar ya yi ita ce saman ya yi ja, gefe ya kumbura, in kin soka wuƙa a tsakiya ta fito babu ruwan ƙwai. Ki bar shi ya huce kwata ɗin awa kafin ki yanka. Zai ɗan sauka, haka yake. Ruwan ficin da aka ajiye kuma na tafasa shi da bota da madara kaɗan har ya yi kauri, na yaryaɗa a kai.

A nan ne muka rabu da dattijuwar. Su a Luwiziyana giya suke zubawa a wannan romon na sama. Da na ce mata mu ba ma sha, sai ta ce ai wuta na ƙone ta. Na ce ko ta ƙone ko ba ta ƙone ba, ba za ta shiga tukunyata ba. Ta yi dariya ta ce ni na sani. Har ruwan banila da suke ɗigawa a kek sai an kula, don dokar ƙasar nan ta ce na ainihi sai ya ƙunshi aƙalla kashi 35 cikin 100 na sinadarin barasa. Garinsa nake saya a shagon Larabawa. Ku kwantar da hankalinku Inna, ina duba bayan kowace kwalba kafin in ɗauka.

Kwano biyu manya na gasa. Ummi ta ɗauki faranti, Abba na binta a baya da hularsa a karkace, suna ƙwanƙwasa ƙofofi. Wani saurayi da kullum muke haɗuwa a matakala ba ya ko ɗaga kai, yau ya tsaya yana tambayar Baban su Ummi wane biki muke yi, har aka kai ga labarin Annabi Ibrahim, wanda ashe ya sani daga coci. Dattijuwar kuwa ta ɗanɗana ta ce kirfa ta yi yawa, sannan ta cinye nata tas ta aiko Ummi ta ƙaro. Ita kaɗai ce a benen ta nemi naman, ta ce a ba ta wuya za ta yi farfesu.

Auta, ke da mangwaro za ki yi, in da sauransa a kasuwa. Ki nemi mara zare wanda bai lugwigwice ba, ki matsa masa lemon tsami kaɗan saboda ya fi fici zaƙi. Burodinmu na gida ma da sukarinsa yake zuwa, don haka rabin kofi ya ishe ki. Madarar gari ta yi, ki dama ta da ɗan kauri. In za ki sa man shanu maimakon bota, kada ki taɓa na Inna wanda aka soya da albasa. Tunda oban ɗinku sai ranar da aka ga dama aka kawo wuta, ki yi yadda Yaya take gasa kek: yashi a gindin tukunya, ya yi zafi tukuna, ki ɗora kwanon, ki rufe, ki zuba garwashi a kan murfin. Wutar ƙasa ta zama kaɗan. Ƙwai da madara ne, ba ya kwana a waje da zafin nan, a cinye a ranar.

Na lissafa, tunda Sallah tana matsowa baya da kwana 10 ko 11 duk shekara, baɗi a ƙarshen Mayu za ta faɗo, ficin farko ya fara fitowa ke nan. Bayan shekara biyu ko uku kuwa za ta riga shi zuwa. In Allah Ya kai mu sai in nemi wani abin, ko kuma mu zo gida mu yi tare da ku, wanda shi na fi so.

Na tura goron Sallar yara ta hannun Yaya, da na Gwaggo daban. A raba har da 'ya'yan maƙwabta, kada a manta da almajiran Baba. Idan kun samu mai zuwa, kuka da kuɓewa busasshiya da yaji nake so, nawa sun kusa ƙarewa. Amma don Allah kada ku wahalar da kanku da soyayyen nama ko kilishi, jami'an kwastam na nan ba sa barin nama ya shigo, ƙwacewa za su yi, mai ɗauke da shi ma ya iya shan tara. Ku ci rabona. Auta ta ɗauko mini hoton hawa in sun je kallo, kuma a gaya mini ko ruwa ya zauna an gama shuka.

A gaida Gwaggo da Kawu da Yaya da maigidanta da duk mutanen unguwa. Inna, a ci gaba da sa mu a addu'a. Baba, Allah Ya ƙara lafiya da nisan kwana.

Wassalam,
'Yarku, Maman Ummi