Manhajar rubutu mai riƙe sirri tana da masu saye

Zuwa ga Edita,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, ina roƙon ka ba ni ɗan fili a wannan jarida tamu mai farin jini in tofa albarkacin bakina kan manhajojin ƙirƙirarriyar basira da ke sauraron magana su mayar da ita rubutu har su taƙaita ta, musamman masu aiki a cikin waya ko kwamfuta ba tare da intanet ba. Na sha jin ana cewa irin waɗannan ba za su yi kasuwa ba, wai mutane ba su damu da sirrinsu ba muddin abu kyauta ne. Ni lauya ce, kuma abin da na gani a ofishina ya sa ban yarda da wannan magana ba.

Wata rana wata baiwar Allah ta zo mini da matsalar aurenta. Na nemi izininta, na ajiye wayata a kan tebur tana naɗar zancenmu, don in samu damar kallon fuskarta maimakon in duƙufa kan takarda. Ta yi nisa cikin abin da ko mahaifiyarta ba ta faɗa wa ba, sai ta tsaya cak, ta nuna wayar da yatsa ta ce, "Lauya, wannan abin ina yake kai maganata?" Wallahi na rasa amsar da zan ba ta. Na san dai muryarta tana tafiya rumbun wani kamfani ta intanet kafin rubutun ya dawo mini. Na kashe wayar, na ɗauki biro, amma bakinta bai sake sakewa kamar da ba. Kunyar ranar ta daɗe a raina, domin amana ta kawo mini.

Tsoronta yana da tushe. A ƙarshen 2016 kamfanin Evernote, mai manhajar ajiye rubuce-rubuce, ya sanar cewa wasu ma'aikatansa za su iya duba rubuce-rubucen jama'a don inganta na'urarsa, sai da aka yi masa ca ya janye. A 2023 Samsung ya hana ma'aikatansa amfani da ChatGPT bayan wasunsu sun zuba bayanan cikin gida a ciki. A shekarar ne kuma Italiya ta dakatar da ChatGPT na kusan wata guda kan batun bayanan mutane, kamfanin Zoom mai manhajar taro ta bidiyo ma ya sha suka har ya fito ya ce ba zai koyar da na'urarsa da muryoyi da hotunan masu taro ba. Idan manyan kamfanoni da gwamnatoci suna ɗari-ɗari, ina ga likitan da ke rubuta larurar majiyyaci, ko ɗan jaridar da ya yi wa majiyarsa alƙawarin sakaya suna?

Abin da ya canja shi ne yanzu aikin yana yiwuwa a gida. A Satumbar 2022 kamfanin OpenAI ya saki Whisper, tsarin da ke mayar da magana rubutu, kyauta ga kowa, bayan ya horar da shi da sa'o'i 680,000 na magana, masu fasaha kuma suka rage masa nauyi har ya hau kwamfutar tafi-da-gidanka. Wata ƙaramar manhaja da aka gina a kan irin wannan nake amfani da ita yau. Nakan kashe intanet a gaban wanda ya zo wurina, in juya masa fuskar kwamfutar ya gani da idonsa, sannan mu fara. Kwamfutar takan ɗauki zafi, fankarta ta yi ta huci, in jira wasu mintuna kafin rubutun ya fito. Idan zancen da Hausa ne, gyaran da nake yi da hannu yana da yawa. Duk da haka ban taɓa jin nauyin biyan kuɗinta ba.

Ba na cewa kowa zai saya. Ɗalibin da ke son taƙaitaccen darasi zai bi ta kyauta, kuma ban ga laifinsa ba. Masu sayen su ne mu da doka da rantsuwar aiki suka ɗora wa riƙon sirri, ba mu da yawa kamar sauran jama'a, amma muna biya kuma ba mu saurin sauya sheƙa. Obsidian, wadda ke ajiye rubutun mutum a cikin na'urarsa, ta nuna ƙaramin kamfani zai iya rayuwa ta wannan hanya.

Fargabata ga masu ƙera su ita ce manyan kamfanoni. Tun 2019 Google ya sa manhajar naɗar murya mai rubutu ba da intanet ba a wayoyin Pixel, Apple ma ya bi sahu da aikin cikin na'ura a 2024. Wanda abin da yake sayarwa kawai shi ne "ba ma amfani da intanet" zai wayi gari an raba hajarsa kyauta. Kuma zama a cikin na'ura kaɗai ba ya wadatarwa: Recall na Microsoft, tsarin da ke ɗaukar hoton fuskar kwamfuta a kai a kai, a cikin kwamfuta yake adana komai, amma sai da aka ɗage fitowarsa a 2024 saboda masana tsaro sun nuna ɓarawon bayanai zai iya kwashe shi.

Don haka ina kira ga matasanmu masu ilimin kwamfuta su dubi wannan gurbi. Ku ƙera mana wadda take kulle rubutu da kalmar sirri, take jin harsunan da manyan suka bari a baya, take gane kalmomin kotu da na asibiti, wadda kuma za a saya sau ɗaya a mallaka. Ni da abokan aikina da dama za mu kasance cikin na farkon saye.

Na gode da ba ni fili.

Taku,
Wata lauya mai karanta jaridarku