Wasiƙa kan Non, 'yar wasan Japan da ta sauya suna

Zuwa ga aminina,

Assalamu alaikum. Ina fatan kana lafiya kai da iyali, da fatan kuma aiki na tafiya daidai. A wasiƙarka ta baya ka tambaye ni dalilin da ya sa na ce shahara a Japan kadarar kamfani ce, kuma ban ga misalin da zai amsa maka ba kamar labarin Rena Nonen.

An haife ta a 1993 a lardin Hyogo, kuma ta fara ne da tallan sutura a wata mujallar 'yan mata. Tauraruwarta ta haska a 2013, lokacin da gidan talabijin na ƙasa, NHK, ya ba ta jagorancin wasan safe mai suna Amachan, wanda ake nunawa minti 15 kowace safiya ban da Lahadi tsawon wata shida. Ta fito a matsayin yarinyar da ta bar Tokyo ta koma garin kakarta a gabar tekun Iwate, inda ta koyi sana'ar matan da ke nutso suna kamo abincin teku. Yankin ne igiyar ruwa ta ɗaiɗaita a Maris na 2011, saboda haka wasan ya taɓa zukatan mutane ƙwarai, har kalmar mamaki da ake yawan furtawa a cikinsa, wato "jejeje", ta shiga cikin kalmomin da aka karrama a matsayin na shekara.

To, a can kamfanin da ya ɗauki ɗan wasa shi ne ke nema masa aiki, shi ke ƙulla yarjejeniyar talla, shi kuma ke tsara irin fuskar da jama'a za su gani. Ita an tallata ta ne a matsayin yarinya mai kunya da tsarkin zuciya, wadda ba ta iya dogon zance a gaban kyamara. Da saɓani ya shiga tsakaninta da kamfaninta, LesPros, sai ta yi ɓatan dabo a talabijin. A Yulin 2016 ta sanar cewa daga ranar za ta riƙa aiki da sunan Non, kuma jaridu sun ruwaito cewa kamfanin ya ce sai da izininsa za ta yi sana'a da sunanta na yanka. Wannan shi ne ya fi tsaya mini a rai, domin iyayenta ne suka raɗa mata sunan nan.

Duk da haka ba ta zauna ba. A ƙarshen shekarar ta ba da muryarta ga jarumar wani fim na zane da Sunao Katabuchi ya shirya kan rayuwar wata amarya a garin Kure, kusa da Hiroshima, a zamanin Yaƙin Duniya na Biyu, fim ɗin kuma ya samu lambar yabo da ɗimbin masu kallo. Ta shiga waƙa da zane, sannan a 2022 aka saki Ribbon, fim ɗin da ita ta rubuta, ta ba da umarni, ta kuma fito a ciki. Shekaru da dama manyan tashoshi masu zaman kansu ba su saka ta a wasanninsu ba, alhali masoyanta ba su ragu ba, kuma a ganina tsoron ɓata wa manyan kamfanonin 'yan wasa rai ne ya jawo hakan.

Ka gaishe mini da mutanen gida da yara. Ina sauraron amsarka.

Naka,
Amininka