Tumatir a kwalba: tsami ne ke tsare shi

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Ka ba ni fili in ja hankalin mata masu adana markaɗen tumatir a kwalba. Da zarar tumatirin rani ya fara sauka daga Kadawa da Kwanar Gafan kwando ya yi araha, sai ka ga kowane gida ana wanke kwalaben Bama. Dabarar tana da kyau, amma yadda da yawa ke yin ta akwai haɗari.

Ƙwayar cutar da ake tsoro ita ce Clostridium botulinum. Tana cikin ƙasa, tafasar ruwa ba ta kashe irinta, kuma inda babu iska can take tsira ta saki guba. Rufaffiyar kwalba gidanta ne, man gyaɗan da ake kwarara a saman markaɗe kuwa ƙara toshe iska yake yi. Abin da ke hana ta motsi tsami ne, wato pH, ma'aunin tsami, ya zama ƙasa da 4.6, shi kuwa tumatir a bakin iyakar yake, musamman wanda ya nuna luguf.

Don haka a zaɓi lafiyayye, a bar ɓaure da mai tabo. Kilo ɗaya da kwata na ba da kusan lita guda. A tafasa markaɗen minti 5. Kowace kwalba mai lita ɗaya a fara zuba mata rabin ƙaramin cokali na garin tsamin nan da ake kira sitirik asid, ko babban cokali 2 na ruwan lemon tsami na kwalba, domin na matsewa tsaminsa ba ya zuwa daidai. A cika da zafinsa, a bar sarari kamar santimita ɗaya da rabi, a goge bakin tas, a rufe. A shimfiɗa tawul a gindin tukunya kada kwalba ta fashe, a jera kwalaben a ciki don a dafa su, ruwa ya shanye murfi da santimita 3 zuwa 5.

Lissafin lokaci daga sanda ruwa ya tafasa ake fara shi. A Kano da Zariya minti 50 ga lita, 40 ga rabin lita. A Jos sai a ƙara minti 5, saboda a kan tudu ruwa yana tafasa tun bai kai digiri 100 ba.

Babban kuskuren shi ne markaɗa tattasai da attaruhu da albasa a haɗe. Waɗannan ba su da tsami, suna tsarma na tumatirin. Amurkawa suna adana yankakken zukini, wani dangin kabewa, da albasa da tattasai a kwalba, amma sai sun jiƙa su da gishiri sun tsane, sun dafa cikin ruwan khal, wato binega, mai ƙarfin kashi 5 cikin ɗari. Wanda bai yi haka ba, ya shanya tattasansa ko ya sa a firiza.

Bayan an sauke a bar kwalaben awa 12 zuwa 24 ba a taɓa ba. Murfin da ya lotsa ciki ya kama. Wanda ke motsi in an danna, a sa a firji a yi miya da shi cikin kwana biyu. In daga baya murfi ya kumbura ko kumfa ta taso, a zubar, ko ɗanɗanawa kada a yi, gubar ba lallai ta yi wari ba. Wanda ya ci ya fara gani biyu-biyu ko haɗiya ta gagare shi, a garzaya da shi asibiti nan take.

Wassalam,
Mai karanta jaridarku daga Kano