Dokar Tutar Ƙasa: Mai Dokar Barci Ya Ɓige Da Gyangyaɗi

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan alheri gare ka da abokan aikinka, ina roƙon ka ba ni ɗan fili a wannan jarida tamu mai farin jini domin in yi magana a kan tutar Najeriya da dokar da aka kafa don kare martabarta, dokar da na lura yawancin masu kafa tutar ba su ma san da ita ba, waɗanda alhakin aiwatar da ita ya rataya a wuyansu kuwa su ne kan gaba wajen taka ta.

Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne, a watan jiya na je wani ofishin gwamnati a nan Zariya domin tantance 'yan fansho, kuma da yake layin ya yi tsawo, na shafe wajen awa uku a kan benci ina fuskantar sandar tutar da ke tsakiyar harabar. Abin da ke rataye a kan sandar nan, in ba don wurin da yake ba, babu mai kiransa tuta. Koren da ke jikin sandar ya koɗe har ya fara komawa ruwan toka, farin tsakiya ya sha ƙurar hunturu da ruwan damina ya zama ruwan ƙasa, koren gefe kuwa iska ta cinye shi sai zare-zare ke lilo, ta yadda baƙon da bai san ƙasar ba zai rantse launi biyu ne a tutarmu. Igiyar ma ta kanannaɗe a can sama, alamar an daɗe rabon da wani ya ja ta. Na tambayi maigadin wurin, wani dattijo sa'ana, ko yaushe aka sauke ta na ƙarshe, sai ya ce da ni, "Wallahi Malam, tun da aka kawo ni nan haka na tarar da ita, kuma babu wanda ya taɓa ce mini aikina ne." Ban ga laifinsa ba. Da layi ya zo kaina aka shigar da ni wurin shugaban ofishin domin sa hannu, sai ga wata 'yar ƙaramar tuta sabuwa fil a kan teburinsa, har da geza mai ruwan zinariya, an ajiye ta daidai inda za ta fito idan an ɗauki hoto.

Ya Edita, wannan abu da na gani laifi ne a dokar ƙasa. Akwai Dokar Tutoci da Tambarin Ƙasa wadda aka kafa a watan Satumba na 1960, makonni biyu kafin a karɓi mulkin kai, kuma tana nan daram a cikin kundin dokokin tarayya na 2004. Sashe na 7 na dokar ya faɗa ƙarara cewa duk wanda ya kafa ko ya nuna tutar ƙasa alhali ta lalace ko an ɓata mata kamanni ya aikata laifi. Dokar ta kuma hana a yi amfani da tutar wajen kasuwanci ko sana'a sai da lasisin minista, ta kuma gindaya sharuɗɗa a kan kafa tutar wata ƙasa a bainar jama'a. A samanta akwai Kundin Tsarin Mulki na 1999, wanda sashensa na 24 ya lissafa girmama tuta da taken ƙasa cikin haƙƙoƙin da ke kan kowane ɗan ƙasa. Saboda haka ba doka muka rasa ba.

Inda gizo ke saƙa shi ne hukuncin. Tarar da dokar ta yanka wa mai laifi naira 100 ce, sai kuma naira 10 a kowace rana idan ya ci gaba da laifin bayan an hukunta shi. Naira 100 a yau ba za ta kai mutum Samaru daga Tudun Wada a bas ba, balle ta tsorata shugaban wata hukuma. Amma kada a ɗauka waɗanda suka rubuta dokar wasa suke yi. Lokacin da aka sauya kuɗi a 1973, fam ɗaya naira biyu ta koma, wato naira 100 daidai take da fam 50, kuma fam 50 rabin ladan da aka bai wa wanda ya zana tutar ke nan gaba ɗaya. Kuɗi ne da ma'aikaci zai ji a jikinsa a wancan zamani. Darajar naira ta yi ta zubewa shekara da shekaru, majalisu sun zo sun wuce, adadin yana nan inda aka bar shi. Majalisar da ta iya zartar da dokar dawo da tsohon taken ƙasa cikin kusan mako guda, har Shugaban Ƙasa ya sa mata hannu ranar 29 ga Mayu, 2024, ba za ta ce mana gyaran layi biyu a dokar tuta ya fi ƙarfinta ba.

Tun da na ambaci mai zanen, ya kamata matasa su san shi. Michael Taiwo Akinkunmi ɗalibi ne ɗan shekara 23 da ke karatun injiniyan lantarki a Landan lokacin da ya ga sanarwar gasar a jarida, kuma a 1959 aka zaɓi zanensa daga cikin zane sama da 2,000, aka ba shi fam 100. A zanensa na asali akwai jar rana a tsakiyar farin, amma kwamitin da ya yi alƙalanci ya cire ta, aka bar kore, fari, kore, kashi uku daidai wa daida a tsaye, tsawon tutar kuma ninki biyu na faɗinta. Koren yana nufin noma da albarkar ƙasa, farin kuma zaman lafiya. Ita aka ɗaga a filin sukuwa na Legas a daren da aka sauke tutar Ingila, wayewar garin 1 ga Oktoba, 1960. Sai a 2014 gwamnati ta tuna da shi ta ba shi lambar girmamawa ta OFR, ya kuma rasu a watan Agusta na 2023 yana da shekara 87.

Na kawo wannan tarihi ne domin a gane cewa farin nan da gangan aka bar shi babu komai. A yau kuwa, da zarar lokacin siyasa ya ƙarato, sai ka ga an buga hoton ɗan takara ko sunan ƙungiya a tsakiyarsa, wani ya manna tambarin ƙasa, wani ya rubuta sunan kantinsa. Launin koren ma kowa da nasa: wannan algashi, wancan mai duhu kamar ganyen mangwaro, wani kuma mai ɗaukar ido kamar rigar 'yan ƙwallo. Telolinmu ba su da laifi a nan, domin tela yadin da ya samu a kasuwa yake yankawa, awon da aka ba shi kuma shi yake bi. Na tambayi wani tela da na daɗe ina kai wa ɗinki, wanda ke ɗinka wa makarantu tutoci duk shekara, ko ya san akwai awon da aka ƙayyade, sai ya yi dariya ya ce shi dai abin da ya sani kore biyu ne da fari ɗaya. Mutumin da ya fi shekara ashirin yana ɗinka tutar ƙasa ke nan, babu wata hukuma da ta taɓa miƙa masa ko da takarda ɗaya mai bayanin yadda ake yin ta.

Mu mutanen Zazzau ba baƙin tuta ba ne. Sarautar Fulani a wannan masarauta ta faro ne daga tutar da Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya bai wa Malam Musa a farkon ƙarni na 19, kuma kowa ya san a wancan lokaci wanda aka bai wa tuta amana aka ɗora masa, shi zai amsa tambaya idan ta faɗi. Har gobe idan mutum ya yi fice cikin tsararsa cewa muke yi ya ciri tuta. Abin da na koya daga wannan, da kuma shekarun da na yi ina hedimasta a makarantar firamare, shi ne tuta ba ta zama da mutunci sai tana da mai ita. A makarantarmu akwai yara biyu da ake zaɓa kowane zango, su ke ɗauko ta daga akwatin ofishina da safe, su ɗaga ta a taron safe kafin a shiga aji, su sauke ta idan an tashi, su ninke ta ba tare da ta taɓa ƙasa ba. Yaro kan yi kuka idan aka karɓe masa wannan aiki. Tutar da ake saukewa kullum takan yi shekara biyu ko fiye ba ta koɗe ba, wadda aka bari rana da dare kuwa damina ɗaya ta ishe ta. Duk wanda ya taɓa wucewa ta kusa da barikin soja da yamma ya ji an busa begila, ya ga kowa ya ƙame har sai an gama sauke tuta, ya san ba kuɗi ne ke riƙe da wannan al'ada ba, an dai san wanda za a tuhuma ne idan ba a yi ba.

Rashin mai ita ɗin nan ya fito fili a watan Yulin 2025, lokacin da tsohon Shugaban Ƙasa Muhammadu Buhari ya rasu aka ba da umarnin sassauto da tutoci zuwa rabin sanda na kwana bakwai. Ƙa'idar ita ce a fara kai tutar ƙololuwa sannan a sassauto da ita, haka kuma da yamma a mayar da ita sama kafin a sauke. Na ga wuraren da igiya ta ƙi motsi aka bar tutar a sama har makokin ya ƙare, na kuma ga inda aka sa yaro ya hau ya ɗaure ta a tsakiyar sanda da tsumma.

Na san akwai masu ɗari-ɗari da batun girmama tuta saboda gudun kada ya kai ga abin da addini ya hana. Wannan fage ne na malamai, ba zan tsoma baki ba. Abin da zan ce kawai shi ne sashen da nake magana a kansa bai nemi kowa ya rusuna wa ƙyalle ba, cewa ya yi kada a rataye tsumma a kira shi da sunan ƙasa.

Yanzu bari in zo ga abin da ya fi ci mini tuwo a ƙwarya. A watan Agusta na 2024, lokacin zanga-zangar tsadar rayuwa, wadda ta kai ga sanya dokar hana fita ta awa 24 a Kaduna da Zariya, an ga wasu matasa a garuruwan Arewa suna ɗaga tutar Rasha. Nan take hukuma ta nuna ta san muhimmancin tuta. Manyan jami'an tsaro suka ce cin amanar ƙasa ne, aka kama teloli a Kano bisa zargin su suka ɗinka tutocin, daga baya aka gurfanar da gomman mutane a Babbar Kotun Tarayya da ke Abuja, cikinsu har da yara ƙanana waɗanda wasunsu suka yanke jiki suka faɗi a gaban alƙali ranar 1 ga Nuwamba, kafin Shugaban Ƙasa ya ba da umarnin a sake su bayan 'yan kwanaki. Ba na goyon bayan ɗan Najeriya ya ɗaga tutar wata ƙasa a kan titin ƙasarsa, kuma da ɗana ne ya yi haka da ni zan fara hukunta shi. Sai dai yaron da ya tashi yana ganin tutar ƙasarsa a yage a makarantarsu, a yage a asibitin da ake kai shi, a yage a ofishin da mahaifinsa ke bin layi, wa ya taɓa nuna masa cewa tuta abu ce mai nauyi kafin ranar da aka jefa shi a mota? Laifi tudu ne, hukuma ta take nata ta hango na yara da teloli. Ni dai a tsawon shekarun da na yi ina aikin gwamnati ban taɓa ganin an ci shugaban wani ofishi ko da tarar naira 100 ɗin nan ba.

Roƙona ga 'yan majalisarmu na tarayya shi ne su gyara dokar ta yadda tarar za ta dace da zamani, amma abin da ya fi tarar muhimmanci, su rubuta a cikinta cewa shugaban kowace ma'aikata, makaranta ko asibiti shi ne mai amsa laifin tutar da ke harabarsa, kuma daga aljihunsa zai biya, domin idan daga asusun ofis za a cire, gwamnati ce ke cin kanta tara. Su kuma bayyana yadda za a yi da tutar da ta tsufa, tun da a Amurka ma dokarsu ta tanadi a ƙone ta cikin mutunci, mu kuwa tamu takan ƙare a matsayin abin goge tebur. Ita kuma Hukumar Wayar da Kan Jama'a ta Ƙasa, wadda ke da ma'aikata a ƙananan hukumomi, ta fassara dokar zuwa Hausa, da boko da ajami, a shafi guda mai ɗauke da awo da samfurin launi, ta raba wa ƙungiyoyin teloli da hedimastoci, ta kuma sa a karanta ta a rediyo kafin 1 ga Oktoba. Kai ma, ya Edita, da za ka tura wakilinka da kyamara ya zaga daga Ƙofar Doka zuwa Sabon Gari har Samaru yana ɗaukar hoton kowace sandar tuta, na tabbata shafi biyu ba za su ishe ka ba.

Ni kuma da na dawo gida daga tantancewar nan, na koma wurin telan nawa na ba shi awo, yadi biyu a tsawo, yadi ɗaya a faɗi, ya ɗinka mini sabuwa da kuɗin fanshona, na haɗa da igiya na kai wa maigadin ofishin. Ya karɓa da hannu biyu yana ta godiya, sannan ya ce ba shi da ikon sauke tsohuwar sai an rubuto takarda shugaban ofis ya sa hannu. Na rubuta takardar na miƙa tun makonni uku da suka wuce. Shekaranjiya na bi ta wurin, tsohuwar tana nan a sama, sabuwar kuma tana cikin ledarta a ɗakin maigadi.

Wassalam.

Naka mai karatu a kullum,
Wani tsohon hedimasta,
Tudun Wada, Zariya.