'Yan Sanda Na Gadin Shanuna, Maƙwabta Sun Daina Ba Ni Hannu

Assalamu alaikum Malam. Da fatan kana lafiya, kai da iyali. Ni mai sauraron shirinka ne daga wata unguwa a gefen birnin Kano. Ina roƙon a sakaya sunana da na unguwar, don maganar tana da zafi har yanzu.

Sana'ata kiwon turka. Nakan sayo bijimai a kasuwar Wudil ranar Juma'a, wani lokaci a Maigatari ranar Alhamis, in ɗaure su wata uku ko huɗu a kan dusa da harawa da kowa (ɓawon wake), sannan in sayar wa mahauta da masu lodi zuwa Kudu. Jarin namu ne ni da yayana. Lokacin da muka kewaye filin, gonakin gero ne gabas da yamma. Gari ne ya iske mu. Yau gidaje sun zagaye mu, har da Islamiyya a bayan katanga.

Da rani babu rigima, domin masu lambu suna zuwa da amalanke su kwashe takin, har kuɗi suke biya. Damina ce ke tona mana asiri. Taki ya jiƙe babu mai saye, fitsarin shanu ya haɗu da ruwan sama ya bi kwata har ƙofar gidajen mutane. Wata dattijuwa da muke kira Inna ta sa aka kira ni gidanta. Ta buɗe kwanon tuwo a gabana, kafin ta mayar da murfi ƙudaje sun baƙanta shi. Ta ja guga a rijiyarta ta ce, "Ɗan nan, sansana ka ji." Malam, warin turkena ne na ji a ruwan da jikokinta ke sha.

An kai mu gaban mai unguwa, muka haƙa ramin tara ruwan, ruwan Agusta ya cika shi ya tumbatsa. Daga nan samari suka taru a ƙofa da kwalaye. Wasu suka fara jifa, aka fasa kan yaron da ke ba shanu dusa, wani kuma ya ambaci fetur da ashana. A ranar yayana ya kai ƙara ofishin 'yan sanda. Aka kama samari uku, aka ba da belinsu, aka kuma ajiye mana jami'ai a bakin ƙofa.

Tun daga lokacin ko tsakuwa ba a sake jefowa ba. Amma in an sallame salla a masallaci, na dama da na hagu sai su miƙe kafin in miƙa hannu. An daina gaya wa matata biki da suna. Ɗaya daga cikin samarin da aka kama ɗan mutumin da ya ɗauki makarar mahaifinmu ne.

Yaya ya ce kada in karaya. Muna da takardar fili, mun riga kowa zuwa, kuma babban sa guda yanzu ya haura naira miliyan ɗaya, wa zai biya mu in aka cinna wuta? Ban ga laifinsa a nan ba, tsare rai da dukiya aikin 'yan sanda ne, kuma jinin yaron nan da idona na gan shi. Sai dai Yaya ba a unguwar yake kwana ba, ni ne nake ciki da iyalina. Gadin ma ba abin dogaro ba ne. A watan Nuwamba na 2025 Shugaba Tinubu ya ba da umarnin a janye 'yan sandan da ke gadin manyan mutane, mai son tsaro ya nemi Sibil Difens. In an janye wa manya, ina ga mai kiwon shanu?

Ga kuma hukuma. Duba-gari ya zo ya auna, ya ce ramin ƙazanta ya kamata ya nisanci rijiya da aƙalla mita 30, namu bai kai ba, ya ba mu wa'adi. Dattawan unguwa kuma suna shirin rubuta koke zuwa ma'aikatar muhalli da NESREA, hukumar tarayya mai tabbatar da bin dokokin muhalli. Ɗan sandan da ke ƙofa ba zai hana wannan takarda isa inda za ta ba.

Abin da ya fi hana ni barci shi ne hadisin da liman ya karanta, cewa babu cuta babu cutarwa. Bai kalle ni ba, amma kowa ya san inda maganar ta dosa. Shin riga su zuwa da na yi ya wanke ni a wurin Allah, ko haƙƙin maƙwabci yana nan ko da jiya ya tare?

Tashi zuwa daji yana nufin sayar da rabin shanun don sayen fili da haƙa burtsatse, can kuma ɓarayin shanu na jira. Gaba kura, baya siyaki. Abin da nake ganin zan iya shi ne in rage shanu da damina, in daɓe turken da siminti, in riƙa shimfiɗa ɓuntun shinkafa, in rufe kwata, tifa ta riƙa kwashe taki kowane mako. Ina kuma son haƙa wa su Inna burtsatse, amma ina tsoron a ɗauke shi toshiyar baki tunda 'ya'yansu na da shari'a a wuya.

Malam, zuciyata ta karkata ga janye ƙarar nan. Yaya kuwa ya rantse in na janye zai zare jarinsa. Ta wace hanya zan ɓullo masa ba tare da zumunci ya lalace ba? Wanne ya kamata ya fara, sallamar 'yan sanda ko zaman sulhu? Wa zan sa a gaba, liman, dagaci ko hakimi, don a samu wanda samarin za su ji maganarsa in ƙofa ta zama babu gadi?

An sa ranar komawa kotu a wata mai kamawa, ina roƙon a taimaka mini da amsa kafin lokacin. Allah ya saka da alheri.

Naka,
Mai kiwo daga gefen Kano